Ranar da Ƙararrawa Ta Rufe Baki

'Yar gwaggonmu mai kitso, wadda dangi kaf suke kira Ƙararrawa, an ce ranar da aka haife ta sai da ta yi musu da ungozoma. In ta kama kan mace, kafin ta kai ƙeya ta ba ta labarin unguwa duka, har da na gidan matar. Ko akuya ba ta wuce ta sai ta tambaye ta ya yara. Mijinta magini ne, tun da ya aure ta bai taɓa kai zance ƙarshe ba.

To, maginin nan ne ya faɗo daga kan katanga, ƙarfe ya huda masa ƙwauri. Ƙafa ta kumbura, ta yi baƙi har gwiwa. Likita ya ce in rana ta faɗi ba a yanke ba, ba ƙafa kaɗai za a rasa ba.

Saura Kaka. Haka ake kiran kurmin da ke bayan garin, don tana ji tana gani, tana kuma da fushi irin na tsofaffi. Mai buƙata zai shiga ya jingina goshi da itace. In Kaka ta yarda, ganye ɗaya zai faɗo masa, ya sa a ƙarƙashin harshe. Duk wanda ya fara yi wa magana bayan nan, shi lafiyar za ta shiga, ko da ɓarawon takalminsa ne. Kuma sau ɗaya take ba mutum a rayuwarsa.

“Ke za ki je?” in ji uwar miji. “Wayyo ɗana! Gara a aiki agwagwa.”

Amma tsohuwar ta ci rabonta tuntuni, ƙanin maginin kuwa ya ɓarar da nasa a kan ƙurajen wata budurwa da ta auri wani. Ƙararrawa ta ɗaura ɗankwali ta fita.

Tana shiga kurmin haske ya ragu. Itatuwa suka matso a bayanta, hanyar da ta biyo ta ɓace. Ta jingina goshi da wani ƙaton itace, ta ji ɓawonsa yana hawa yana sauka kamar ƙirjin mai barci. Kaka ta daɗe tana saurarenta. Can ganye ya sauko a kafaɗarta, ta sa shi a ƙarƙashin harshe. Ɗacinsa sai da ya sa kunnuwanta ƙara.

A bakin kurmin kuwa masu tare hanya suna zaune, mutanen da suka cinye rabonsu suke farautar na wasu: mai ciwon haƙori, mai sanƙo, mai tari. Da suka ga wadda ta fito, sai murna, yau abinci ya kawo kansa.

“Sannu da hanya, Yaya! Ya mai jiki?”

Ta danne leɓe.

“An ce kitsonki ne ya cinye wa matar tela gashin goshi!”

Nan fa amsa ta taso mata tun daga cibiya, mai rassa da 'ya'ya. Ta haɗiye ta.

Wajen shagon maƙeri wani ya sha gabanta da gudu, yana haki. “Baiwar Allah, sai haƙuri. Maigidanki ya cika yanzun nan.”

Ihu ya zo har haƙoranta, ta cije harshe. Sai ta lura ba idonta yake kallo ba, bakinta yake kallo, hannunsa dafe da kumburarren muƙamuƙi. Ta ture shi ta wuce, jinin harshenta yana gauraya da ɗacin ganye.

A kan layinsu ne wata mata ta jera da ita. Ba ta gaishe ta ba, ba ta roƙe ta ba. Jaririya ce a hannunta, kai ya langaɓe, numfashi yana fita da ɗan kuka kamar tsohuwar ƙofa. Ƙararrawa ta san matar, ta sha yi mata kitso, ta kuma san ta ba mahaifinta ganyenta bara. Kalma ɗaya ta isa. Ko “ke” ta ce wa 'yar, shi ke nan.

Ta dubi rana, ta yi ƙasa sosai. Ta dubi 'yar. Hawaye suka zubo mata. Ta cafki matar a wuyan hannu, ta ja ta har cikin gida.

A ƙofar ɗaki sallama ta kusa kuɓuce mata, uwar miji ta toshe mata baki da tafin hannu. Maginin yana kwance a tabarma, ido ya juye, ɗakin duk wari. Ta durƙusa ta kama kunnensa.

“Kai! Tashi! Wa ya ce ka hau katanga da silifa?”

Baƙin ya fara janyewa daga gwiwa zuwa idon sawu, kumburi ya sace. Ya buɗe ido ya ce, “Ai ni...”

“Ai kai me? Ba ka taɓa karɓar ganyenka ba. Ga 'yar mutane tana tafiya. Miƙe ka tafi wurin Kaka!”

“Yanzu ya tashi fa!” in ji uwar miji.

“Inna, ƙafar ta aiki ce, ba ta ado ba.”

Maginin ya dubi jaririyar, ya dafa bango ya miƙe. Ya taka sau ɗaya, ƙafa ta ɗauke shi. Ya fita da gudu, ko riga babu.

Ƙararrawa ta karɓi 'yar ta ɗora a cinya, ta sa yatsa a ƙarƙashin hancinta. Numfashin yana nan, siriri kamar zare.

“Kar ki kuskura ki yi barci,” ta ce mata. “Buɗe ido, uwata. Bari in faɗa miki gaskiyar abin da ya cinye gashin matar tela.”