Malam Ta-Shiga da Shirun Aji

Tun yana ɗan firamare bakinsa ba ya hutawa. In yaran layinsu suna buga ƙwallon tsumma, shi yana can kan katanga da gwangwanin madara a baki, yana sanar da duniya wa ya kwashe ƙafar wa. Mahaifiyarsa ta yi faɗan har ta gaji, ta koma roƙon Allah Ya sa surutun nan ya zame masa abin yi. Aka kuwa amsa mata. Gidan rediyo ya ɗauke shi sharhin wasanni, kuma saboda yadda yake jan "ta shiga" in an ci ƙwallo, sunansa na gaskiya ya ɓace, kowa ya koma kiransa Ta-Shiga.

A ɗan ɗakin watsa shirye-shirye mai jar fitila ya koyi doka guda: in ana kan iska, wato ana watsa shiri, ba a barin shiru. In ɗan wasa ya faɗi ana duba shi, sai ka kama zancen ciyawar fili, ko takalmin alƙalin wasa, in ta kama har kakan alƙalin ka taɓa. Haka ya yi ta zuba har furfura ta fara leƙowa. Sai gidan ya canza hannu, sababbin masu shi suka ga kiɗa ya fi araha, aka sallame shi da godiya mai yawa.

Zaman gida ya gagare shi. Ya kwance ƙofar da lafiyarta ƙalau ya sake ɗaurawa. Ya tsaya kan matarsa yana sharhin yankan albasa, har ta ajiye wuƙar ta ce, "Baban yara, don Allah ka nemi wasu kunnuwan, nawa sun gaji." Ya tono tsohuwar shaidarsa ta malanta, wata sakandare ta ba shi darasin labarin ƙasa.

Yara suka so shi kamar su haɗiye shi. Ba ya zama, daga allo zuwa taga, koguna suna tsere a bakinsa, duwatsu suna tsaron gida. Amma da jarrabawa ta zo, ajin ya zube warwas. Shugabar makaranta ta zauna a bencin baya ta kalli darasi ɗaya, sannan ta kira shi ofis.

"Malam, kana tambaya, kafin yaro ya buɗe baki ka amsa abinka," in ji ta. "In zangon nan ma haka ya ƙare, wani zan ba ajin."

Ya ji zafi, amma tsoron ya fi yawa. An taɓa raba shi da masu sauraro, ya san yadda gida yake da rana tsaka.

Washegari ya tambayi abin da ke kawo dare da rana, darasin da ya sha maimaitawa. Ya nuna 'yar tela, wata mai in'ina da kullum yake ƙarasa mata magana, a ganinsa taimako ne. Ta miƙe. Bakinta ya motsa, ba abin da ya fito.

Shiru ya sauka. Amsar ta taho har bakin haƙoransa. Ya damƙe gefen tebur, gumi na bin bayansa, jikinsa duk yana gaya masa an bar iska ba kowa. Allin hannunsa ya karye. Bai ce uffan ba.

"Ra-rana ce," ta ce da ƙyar, "take za-zagaya mu."

Ba daidai ba ne. Ya haɗiye gyaran, ya ce, "Wa ya yarda da ita?"

Hannuwa suka tashi, kusan ajin duka, har da na gaba masu yi masa tafi kullum. Ya bi su da kallo, kunya ta rufe shi: ashe duk surutun nan ba su gane darasin ba. Ya jawo kujerar da bai taɓa zama a kanta ba, ya zauna.

"To, 'yata," ya ce, "ci gaba. Ina jin ki."