Wanshekaren Talata

Wata yarinya ce ta tare ni a Gusau bayan an tashi daga wani zaman marubuta, littafina a hannunta, duk ta lanƙwashe masa kunnuwa. Ta gaishe ni da ladabi, sannan ta ce, "Hajiya, labarin ya yi daɗi, amma uwar nan da kika sa a ciki ba ta da tausayi. Daga farko har ƙarshe ba ta kira sunan 'yarta ba, ba ta rungume ta ba. Wace irin uwa ce wannan?"

Na dube ta sama da ƙasa. Raina ya ɓaci, ba zan ɓoye ba, don uwar da take kushewa a gabana tawa ce, zani kawai na sauya mata kafin in sa ta a littafi. Na ce ta gaida gida, na wuce abina. Amsar da ban ba ta a tsaye ba ita ce nake rubutawa yanzu, ko Allah zai sa ta gani.

Ni 'yar fari ce. A Bungudu aka haife ni, gidan iyayen Inna, sannan aka dawo da ni Tsafe inda Baba yake, can na girma. A wurinmu, matan zamanin su Inna ba sa faɗin sunan ɗansu na fari. Ba sa yi masa wasa a gaban mutane, ba sa yabonsa, in ya faɗi ya fasa baki wata ce za ta ɗauke shi. Kunya ke nan, kuma duk macen da ta iya riƙe ta ana ganin girmanta. Inna kuwa ba iyawa kawai ta yi ba, ta ƙware.

Sunana na yanka na mahaifiyar Baba ne, don haka babu mai bakin kama shi a gidan. Sai aka bar ni da sunan ranar da na zo duniya, wadda ke tsakanin Talata da Alhamis. Kowa ya san ta. Ba zan rubuta ta a nan ba, tunda wadda ta haife ni ba ta faɗi. To nan abin ya yi wa Inna tsauri. Sauran mata suna ɗaya suke kauce wa, ita kuwa rana guda cur ce ta fice daga bakinta. In biki ya faɗo ranar, sai ta ce "wanshekaren Talata." In ranar komawa asibiti ce, wanshekaren Talata. Har maƙwabta suka saba, suna aiko mata da saƙo da harshenta.

Ƙanwata mai bi mini, da aka sa ta firamare, malami ya ce kowa ya tashi ya jero ranakun mako. Ta miƙe da ƙarfinta ta ce, "Lahadi, Litinin, Talata, Wanshekare, Alhamis." Aji ya kwashe da dariya. Ta dawo gida tana kuka tana rantsuwa haka Inna ta koya mata. Baba ya yi dariya har ya ƙware da ruwa. Inna ko a jikinta, ta ci gaba da tankaɗen garinta.

Ni dai ban yi dariya ba. Ƙannena duk tana kiran su da suna, tana zaginsu da suna, tana goya su. Ni kuwa "wagga" ce, wato "wannan" kawai. In tana son in ɗebo ruwa, sai ta kalli akuyar da ke ɗaure a turke ta ce, "Wai ba a ga randa ta bushe ba?" In na yi laifi, ƙanwata ce 'yar aike: "Hwaɗa ma wagga ta kiyaye ni." Alhali ga ni zaune kusa da ita, gwiwata na taɓa tabarmarta. Wallahi har zagin da take yi wa ƙannena nake sha'awa, don akwai suna a ciki.

Abu ɗaya na so a rayuwata tun ina ƙarama, kuma ban daina sonsa ba har na girma: in ji sunana a bakin Inna. Ko sau ɗaya, ko cikin faɗa.

Na yi dabara iri-iri. Wata rana da hantsi, ranar nan da ake kirana da sunanta, na same ta tana tsince shinkafa, na marairaice na ce, "Inna, wai yau wace rana ce? Na manta." Ba ta ko ɗago ba. Ta ce wa faifan da ke cinyarta, "Ikon Allah. Anka kai mutum boko, ga littahi ga alƙalami, amma rana sai ya tambayi jahili." Na tashi na ba ta wuri.

Gwaggo na kai wa ƙara, yayar Baba, wadda mijinta ya rasu ta dawo gidanmu da zama. Ita ce ta yi mini komai da uwa ke yi a fili: kitso, lalle, kai ni ɗinkin sallah. Mace ce mai baki, ba ta raga wa kowa, kuma tsokanar Inna ita ce abincinta. Na tambaye ta a kan ta gaya mini gaskiya, ko tsinto ni aka yi. Ta dungure mini kai ta ce, "Ke tahi can, sakarya. Wa kike zato yake aje miki ƙanzo ƙarƙashin ƙwarya kullum? Aljani?" Na san da ƙanzon. Amma yarinya ba ta jin magana ta ƙanzo, da kunne take so ta ji.

Da na tafi makarantar kwana a Gusau abin ya ƙara ci mini rai, don a can na faɗa karatun littattafai. Iyayen da ke cikinsu ba sa gajiya da kiran 'ya'yansu. Daga "'yata ta kaina" sai "zo nan in ji ɗuminki," ana kuka ana share wa juna hawaye. Na riƙa auna Inna da su, ina ganin an cuce ni. Ranar ziyara Inna ba ta taɓa zuwa ba. Gwaggo ce ke sauka daga mota da ƙullin ƙuli-ƙuli da yaji da hoce, ta dire a gabana ta ce, "Wai in ji uwarki, an yi ya yi yawa, kada ya lalace, a ba duk wanda anka gani." Kullum sai ya yi yawa, kuma kullum ni ake gani.

Na gama makaranta, na fara koyarwa, na auri wanda nake so. Ranar da za a kai ni Gusau aka shigar da ni ɗakin Inna in yi sallama. Ta juya mini baya tana ninke wani zanen da yake a ninke, ta ce wa bango, "A bi Allah, a yi haƙuri da mutane." Na tsaya ina jira ko akwai saura. Babu. Na yi kuka a motar nan har mata suna yaba kunyata, ba su san abin da nake wa kuka ba.

Cikina na fari da ya tsufa aka mai da ni Tsafe, kamar yadda ake yi, in haihu a gida in yi wankan jego a gaban manya. Ina tsoron haihuwar, kamar kowace mace a karon farko, kuma a cikin tsoron akwai wani na daban. Nakan ce a raina, in na tafi a wannan cikin, shi ke nan, na zo duniya na koma uwata ba ta kira ni ba.

Allah ya sauke ni lafiya a asibiti, na samu ɗa namiji, aka dawo da mu gida. Wanka ya hau kan Gwaggo, don Inna ba za ta ga tsiraicin 'yar fari ba, ko kusa da makewayin ba ta zuwa. Amma wutar ruwan, Inna ta hana kowa taɓawa. Maigidana ya aiko da itace mota guda, ita ke faskarawa, ita ke hurawa safe da yamma, ita ke tsinko ganyen dogon yaro ta jefa a tukunya. Bazara ce, zafin da ko kaza buɗe baki take yi, amma in Gwaggo ta ce, "Ke kuma mi ya zaunar da ke bakin murhu?" sai Inna ta ce sanyi take ji a ƙafafu.

Jaririn ya zame mata sabon ɗan aike, akuya ta huta. Takan leƙo ɗaki ta ce, "Angona, hwaɗa ma uwarka kunun kanwa na hucewa." Ko kuma, "Ango, ka ce a ci naman nan, ba don ado anka gasa shi ba." Shi yana barcinsa, ni ina amsa umarni.

Ana sauran kwana kaɗan suna, da safe rana ta ɗan ɗaga, na shiga wanka ban karya ba. Gwaggo ta tsoma ganye a ruwan tana fyaɗa mini, tururi ya cika wurin. Na ji kunnuwana sun toshe. Na ce bari in miƙe in sha iska, sai na ga katanga ta karkace. Iyakar abin da na sani ke nan.

Abin da ya biyo baya daga nesa na fara jinsa, kamar ina ƙasan rijiya ana magana a baki. Salatin Gwaggo na fara ji. Sai wata murya ta danne tata, murya mai kaifi da ban taɓa jin ta da wannan ƙarfin ba, tana kiran sunana. Ba "wagga" ba. Sunana, cikakke, yadda kowa ke faɗinsa. Ta kira, ta sake kira, tana jijjiga ni, tana cewa, "Tashi! Ki dube ni! Kada ki yi mani haka!" Na ji ruwan sanyi a fuskata. Na buɗe ido na gan ni a cinyar Inna a ƙofar makewayi, ta lulluɓe ni da zanenta, hannunta duk toka, ɗankwalinta ya faɗi ƙasa. Idonta cikin nawa. Tunda nake ban taɓa ganin ƙwayar idonta kusa haka ba.

Da ta tabbatar na farfaɗo, sai ta zame cinyarta a hankali ta jingina ni da Gwaggo, ta ɗauki ɗankwalinta ta ɗaura, ta koma bakin murhu tana gyara itacen da ba ya bukatar gyara.

Baba ya ɗauko ma'aikaciyar asibiti ta duba ni, ta ce jini ne ya yi ƙasa, ga yunwa ga zafin ruwa. Ta yi faɗa, ta ce a riƙa surkawa, a kuma ba ni abinci kafin wanka. Kafin azahar na warware, ina zaune a tsakar gida ina shan fura, mata maƙwabta sun cika gidan da jaje. Gwaggo kuwa tunda ta ga ba mutuwa zan yi ba bakinta ya dawo. Ta gyara zama, ta ɗaga murya yadda kowa zai ji.

"Jama'a, yau na ji abin da ban taɓa ji ba cikin gidan ga. Ashe bakin wasu na iya hwaɗin wani suna! Har maƙwabta sun jiya."

Mata suka fara ƙunshe dariya. Ni na sunkuyar da kai cikin kwanon fura, ina jiran abin da Inna za ta ce. Tana daka yaji a lokacin. Ba ta tsayar da taɓarya ba.

"Ni ban kira kowa ba," in ji ta. "Rana na hwaɗi."

"Rana?" in ji Gwaggo. "Wa ya tambaye ki rana, ɗiya na kwance ƙasa?"

"Tunawa na yi, na hwaɗi. Laihi ne mutum ya san ranar da yake ciki?"

Gwaggo ta tafa hannu ta juya wurin matan. "To ku shaida. Ku gaya mata yau wace rana."

Gidan ya ɗauki dariya, har da masu riƙe ciki. Inna ta ja mayafi ta rufe rabin fuskarta, ta ci gaba da dakanta. Ranar Asabar ce.

Ni hawaye nake yi a cikin furar nan, ina sha ina murmushi, kuma ban taɓa jin ni 'yar gata ba irin ta wannan rana. Mace ta riƙe bakinta tun daga haihuwata har na haihu, ba ta yi tuntuɓe ko sau ɗaya ba, don a ce ta cika mai kunya. Sai ga shi ta zubar da abin gaba ɗaya a ƙofar makewayi, a kunnen duk unguwa, saboda ni. Uwar da yarinyar nan ta ce ba ta da tausayi ke nan, kuma duk iyayen da na karanta a littattafai ban ga wadda zan ba da ita in karɓa ba.

Inna tana nan Tsafe da ranta, ta tsufa, jikan nan nata har ya yi gemu. Ko a makon jiya ta sa ƙanwata ta kira ni a waya, ina jin muryarta a gefe tana cewa, "Hwaɗa ma wagga, in za ta zo, ta zo wanshekaren Talata." Ba ta ƙara faɗin sunan ba tun daga ranar, ni ma ban ƙara tambayarta ko yau wace rana ce ba.