Gwaggo Tumba da Gwangwanin Gusau

Ku da kuka san Gwaggo Tumba, yayar babana, kun san ba ta yarda da tukunya sai ta ƙwanƙwasa ta da yatsa, ta kara kunne ko za ta ji tsaga. Ko gaisuwar mutuwa ta je, sai ta faki ido ta ƙwanƙwasa randar mutane.

Gwanintarta ita ce ajiyar nama. Takan soya naman layya ƙayau, ta zuba a tukunya, ta kwarara man shanu mai zafi ya rufe shi, ta liƙe murfin da yumɓu. A kasuwar Bungudu ta taɓa ƙwanƙwasa tukwanen wata mata kaf. Matar ta ce, "Gwaggo, jiya fa suka fito wuta, lafiyarsu lau."

Ta ce, "Ni ma lafiya lau na fito cikin uwata. Dubi haƙorana yau."

Da na yi haihuwar fari a gidanmu na Tsafe, dangin mijina suka iso daga Karakkai tun jajibirin suna, ba a yanka rago ba tukuna. Dama suna ce mana gidan marowata, ni kuwa kunya kamar ta kashe ni. Mijina yana awon gyaɗa a kantin wani Bature a Gusau, sai ya aiko da kifin gwangwani, wai a burge su.

Gwaggo ta ƙwanƙwasa, ta yamutsa fuska. Murfin ya kumbura sumtum.

Ta ce, "Wanga abu ciki gare shi. Wa ya yi mishi?"

Na fashe da kuka, na ce so take ta tozarta ni. Ba ta kula ni ba. Ta kai shi bayan gida ta soka masa wuƙa. Ya yi tsaki, ya feso wani wari, har kaji suka watse. Da baƙi sun ci, da ban sake ɗaga kai a Karakkai ba.

Sai ta fasa yumɓun tukunyar namanta guda, wadda ko babana ta hana, ta kai wa baƙi. Uwar mijina har man ta suɗe.

Ban ba Gwaggo haƙuri ba, girman kai ya hana ni. Ranar da ciwon ajalinta ya tsananta na durƙusa zan yi, ta miƙo yatsa ta ƙwanƙwasa goshina, ta saurara.

Ta ce, "Bari. Ke kam babu tsaga."

Allah ya jiƙan Gwaggo, ya yalwata mata makwanci, ya sa ta yarda da tukwanen Aljanna.