Tsohon Dandalin da Muka Gina a Dukawuya

Har gobe ba zan manta da ranar da sabon ciyamanmu ya dawo daga Italiya ba. Lokacin soja ba su daɗe da miƙa wa farar hula mulki ba, ni kuma ina jami'in duba gine-gine a sashen ayyuka na ƙaramar hukuma, wato ni ake turawa in ga gini kafin a rushe shi.

Ya tara mu a ofis, ya baje hotuna. Wani tsohon dandali ne a tsakiyar gari, an shimfiɗe shi da duwatsu, baranda ta kewaye shi, ga hasumiya mai agogo, ga famfo yana feshin ruwa. Ya ce tun kaka da kakanni aka gina shi, ko dutse ɗaya ba a taɓa ba.

"Mu ma sai mun gina tsohon dandali," in ji shi. "Kafin damina."

Babu wanda ya yi dariya, don lokacin ƙarin girma ya kusa.

A Dukawuya ya zaɓi fili, abin da ya tare wurin kuwa shi ne zauren Malam Bukar, wani dattijo Babarbare mai rubutun Alƙur'ani. Zauren ƙasa ne mai rufin bakan gizo, kakansa ya gina, kuma duk shekara kafin saukar ruwa 'yan unguwa ke haɗuwa su yi masa yaɓe. Da na kai masa labarin za a rushe zauren, cewa ya yi, "Ɗana, zauren nan bai tsufa ba ke nan?" Wallahi na ji kunya.

Sai ga injiniyan ɗan kwangila, Bature ɗan Italiya. Yana shiga zauren ya ɗaga kai, ya hau ɗaukar hoto ba ji ba gani. Ganin haka ciyaman ya ce ai dama shi ya hana a taɓa wurin.

"Kayan tarihi ne! A shafe shi da siminti, a manna tayil, kada ya ba mu kunya."

Baturen ya ce siminti zai kashe ginin, ciyaman ya ce bai san Kano ba. Na ce, "Ranka ya daɗe, danshi zai shiga ƙasar ya rasa hanyar fita." Ya ce ni kuma ban san Italiya ba.

Aka shafe shi tas. 'Yan unguwa suka daina yaɓe, tunda zaure ya zama na hukuma. A damina ta biyu bango ya jiƙe ta ciki, ya rufta da hantsi, Allah ya sa Malam yana cikin gida. Famfon da muka gina a dandalin kuwa bai taɓa ganin ruwa ba, awaki ke hutawa a ciki.

Na tarar da Malam Bukar tsaye kan tarin ƙasa. Ya ce, "Da kun rushe shi tun farko, da na kwashe allunana lafiya."

Tun daga ranar, in na ji za a rushe tsohon gini, nakan ce watakila ya tsira. Amma in aka ce hukuma za ta adana shi, sai in je in yi masa kallon ƙarshe.