Ragon da Ya Tsufa a Turke

Lokacin sanyi ne, a shekarar da dusar ƙanƙara ta rufe mana ƙofa a garin Lanham na Amurka har sai da maƙwabta suka haƙo mu da shebur. Shekara ce marar natsuwa. Kamfanin da maigidana yake tuƙa wa mota ya rufe, gidajen layinmu suna ta komawa hannun banki. Ni kuwa ko zama na yi sai in ji kamar na bar wani abu a kan wuta. In tashi, in leƙa taga, in dawo, in sake tashi.

Ba zan faɗi sunana ba, waɗanda suka san ni sun san ni. 'Ya'yana, ku nake rubuta wa wannan da hannuna, da ɗan karatun da na samu a ajin yaƙi da jahilci bayan na haifi biyu. In kun ga magana ta karkace ku yi mini haƙuri.

Kafin abin ya faru, ni mace ce da ake ba ajiya. Ban iya ɗaga murya ba, ban iya faɗa ba. Aikina kula da tsofaffi a gidajensu. Ban da wannan akwai wata hidima da nake yi wa matanmu saboda Allah. Ƙanena Lawali yana kiwo can gida a ƙasarmu, kuma akwai gidan marayu a bayan unguwarsu. In an yi haihuwa a nan, ko layya ta zo, ko mace tana son yi wa mamacinta sadaka, sai ta ba ni kuɗin rago in aika masa. Shi zai saya, ya ɗauki hoto, ya yanka, ya kai wa marayu. Na yi shekaru ina haka, ko sisi bai taɓa maƙale mini a hannu ba.

A lokacin ina kula da wata tsohuwa a Woodbridge, 'yar ƙasar Kambodiya. Kaka nake ce mata. Ɗanta likitan haƙori ne. Da ya ga ƙarfinta yana ƙarewa, sai ya ce zai kai ta ta ga ƙasarsu kafin ta mutu, kuma da ni za a je, don ba ta yarda kowa ya yi mata wanka sai ni. Haka na bar sanyin Maryland na faɗa zafi irin na gida.

Kaka a bakin wani babban tafki aka haife ta, mahaifinta masunci ne. Saboda haka wata safiya ɗanta ya ɗaukar mana jirgin ruwa mai inji, da jagora, wani siririn mutum mai yawan dariya. Aka ɗaga keken Kaka aka sa a ciki. Muka bi wani rafi mai ruwa ja kamar kunun kanwa, har muka fito fili, ruwa iyakar ganinka.

Ban taɓa ganin irin wannan ba. Gari guda a kan ruwa. Gidaje a kan ganguna da gora suna lilo a hankali, da shanya, da tukwanen fure, har da kaji a keji. Mata suna tuƙa kwale-kwale cike da kayan miya suna bi gida-gida, kamar masu talla a lungunmu. Jagora yana ta bayani da Turanci. Ya ce in ruwa ya janye, sai a ɗaura wa gida igiya a ja shi gaba. Na ce a raina, ashe akwai masu rashin zama wuri ɗaya da suka fi ni. Kaka kuwa hannunta kawai ta sa a ruwa.

Can sai jagora ya sauke murya. Ya ce akwai makarantar marayu a gaba, yara ba su da abinci, ga kanti nan a kan ruwa ga mai son ya saya musu shinkafa. Zuciyata ta karye. Na ciro ɗan guzurina na sayi buhu guda. Da za a ɗora shi a jirgi sai na ga gefensa ya yage, shinkafa tana zuba. Ni kuwa ba na rabuwa da allura. Na ciro jan zare na ɗinke wurin, ɗinki irin nawa, gicciye. Muka kai makarantar, yara suka jeru suka haɗa hannu suka yi godiya. Na ji wani sanyi a ƙirjina da na daɗe ban ji ba.

A hanyar dawowa muka sake tsayawa a kantin don Kaka ta sha ruwan kwakwa. Ina zaune sai ga wani kwale-kwale ya zo ta baya, aka sauke buhu. Ba a jima ba wasu Turawa, mata da miji, suka saye shi. Da aka wuce da shi ta gabana na ga jan zarena.

Na matsa kusa da jagora na ce masa a hankali, "Wancan buhuna ne."

Bai ko ji kunya ba. Ya yi dariya ya ce, "Madam, da kika bayar kin ji daɗi?"

Na ce, "Na ji."

Ya ce, "To shi kika saya. Shinkafar tamu ce."

Kaka ta ji mu. Ta juya ta yi masa magana da yarensu, gajeruwa, har dariyar ta ɗauke daga fuskarsa. Daga baya ta ce mini abin da ta gaya masa shi ne, mahaifinta ya mutu da talauci a tafkin nan, amma bai taɓa sayar da kifi ɗaya ga mutum biyu ba. Ta ce yawancin mutanen garin har yanzu haka suke, masunta ne, wannan jagoran da irinsa su ne ƙuda a cikin miya.

'Ya'yana, maganganu biyu na ji a ranar. Ta tsohuwa na bar ta a kan ruwa. Ta jagora ita na sa a jaka na dawo da ita Amurka.

Bayan dawowata da kaɗan, Saude ta haihu. Saude 'yar Katsina ce, maƙwabciyata, mai aikin goge-goge a asibiti. Ta daɗe da aure ba haihuwa, har ta fid da rai, sai Allah ya ba ta ɗa namiji, aka sa masa Abdurrahim. Ta kira ni ɗakinta ta damƙa mini kuɗin ragon suna ta ce, "Yaya, a samo mai kyau. Marayu nake so su ci, su yi masa addu'a."

Lawali ya samo mai kyau kuwa. Fari sol, da baƙi zagaye da idonsa na hagu kamar an sa masa kwalli. Ya aiko da hoto, Saude ta wanke shi ta manna a ƙofar firij. A daren suna, kafin a yanka, wata mata ta kira ni daga garin Clinton tana son ragon sadaka don mahaifinta. A satin ne kuma takardar banki ta zo a kan gidanmu. Na yi ta zagaye falo. Sai na ɗauki waya na ce, "Lawali, kada ka yanka tukuna. Ka canza masa igiya, ka kai shi jikin wani bango, ka sake ɗauka."

Ya ce, "Yaya, na yaron fa?"

Na ce, "Wata mai zuwa za mu yanka masa biyu."

Wallahi da gaske nake a lokacin. Amma wata mai zuwa ya zo da nasa. Ba wanda ya tambaya, ba wanda ya yi zargi. Lawali yakan je wurin mahauta ya ɗauki hoton nama a faranti, shi ke nan. Mata suna rungume ni suna cewa Allah ya saka da Aljanna. In zuciyata ta motsa sai in tuna maganar jagora: ai sun ji daɗi, abin da suka saya ke nan.

Da farko gida na ce zan ceta. Gida ya tsira, ban daina ba. Sai leshi, sai sarƙa, sai na fara zama a gaba-gaba a wurin biki. Labari ya bazu har Virginia, har wurin 'yan'uwanmu na Kumasi da na Nijar, cewa akwai wata baiwar Allah mai amana. Rago ɗaya ya yi suna, ya yi layya, ya yi sadakar arba'in, ya yi cikon alwashi. Lawali ya shafa masa lalle, ya ɗauke shi ta dama don kada idon ya fito, ya ɗauke shi daga nesa. Wata rana ya ce mini cikin wasa, "Yaya, ragon nan ya fi ni cin dusa, kuma ya saba da hoto, da ya ga waya sai ya gyara tsayuwa." Na yi dariya. Allah ya yafe mini wannan dariyar.

Amma natsuwa ba ta dawo ba. Na daina iya zama a gidan Saude. In na shiga, idon ragon nan yana kallona daga firij. Yaron kuma ya zo da ciwon sikila, yau lafiya gobe asibiti. In Saude ta kira ni in taya ta kwana, sai in ce ina da aiki.

Asirina ya tonu ba tare da wani bincike ba. Saude ta je barka wani gida a Clinton, ta shiga kicin ɗebo ruwa, sai ta ga ragonta a ƙofar firij ɗin mutane. Lawali ya yi sakaci a wannan karon, idon ya fito. Ta ce wa matar gidan, "Ina kika samu hoton ragon Abdurrahim?" Matar ta ce, "Wane Abdurrahim? Na sunan 'yata Fadila ne." Matan da ke falo suka fara ciro wayoyinsu.

Wasu sun so a rufe maganar a tsakaninmu, don kada a ce Hausawa. Mazan wasu suka ƙi. Tun da ta waya aka yi ta aika kuɗin zuwa wata ƙasa, sai magana ta zama ta gwamnatin tarayya. Jami'an tsaro suka zo da safe, ina shirin tafiya aiki, 'yata tana tsaye da jakar makaranta. Ban yi musu ba. Lauya ya ce in amsa laifi, na amsa.

Ranar yanke hukunci aka ba waɗanda na cuta dama su yi magana. Na zaci zagi zan sha, kuma na sha. Sai Saude ta tashi. Ba ta dubi alƙali ba, ni ta duba, ta yi magana da Hausa, tafinta yana juyawa.

Ta ce, "Yaya, ni ba kuɗina nake nema ba. Duk daren da yaron nan yake kuka a asibiti, ƙasusuwansa suna ciwo, abin da nake gaya wa kaina shi ne, ai marayu sun ci, addu'arsu tana tare da shi. Da wannan nake tsayuwa. Ashe ba wanda ya ci."

Ta zauna. A nan ne na gane ƙaryar jagora. Ba daɗin zuciya Saude ta saya ba. Addu'a ta aika a nemo wa ɗanta, ni kuma na tare ta a hanya.

Aka kai ni gidan yarin mata, can cikin duwatsu. Ba zan ba ku labarinsa da yawa ba. A can aka sa ni ɗinkin kayan fursuna, ni da allura muka sake haɗuwa. Ina can Kaka ta rasu. Ina can 'yata ta gama sakandare, wata ce ta ɗaura mata ɗankwali. Maigidana bai sake ni ba, amma ya daina zuwa masallacin da ya saba, don ba ya iya haɗa ido da mutane. Na yi kuka, na roƙi Allah gafara, amma malamar da take zuwa mana wa'azi ta gaya mini gaskiya: haƙƙin Allah tuba yana wanke shi, haƙƙin mutum sai ka je ƙofarsa.

'Ya'yana, ga abin da zan ce muku. Ku da kuke nan, za a riƙa ba ku saƙo zuwa gida, ku da kuke gida za a riƙa aiko muku. Tsakanin mai bayarwa da mai karɓa akwai teku, ba mai gani sai Allah. Ku ji tsoron kalmar nan "tukuna". Ni ban taɓa cewa zan yi sata ba, cewa na yi kada a yanka tukuna. Kuma in kun ga mai wayo yana cuta yana dariya, kada ku tsaya sha'awar dabararsa. Ni buhu ɗaya aka cuce ni, maimakon in ji haushi sai na ɗauki darasi. Kada ku ce ai ba wanda ya ji ciwo. Akwai, ba ku dai shiga ɗakinsa da dare ba ne.

Ranar da aka sake ni, da yamma, na kira Lawali. Shi ma ya sha nasa, gari ya san labari, ba mai sayen dabba a hannunsa. Na tambaye shi ragon. Ya ce, "Yana nan a turke. Ya tsufa, haƙoransa sun fara zuba. Ba mai saye, ni kuma na kasa yankawa. Ai ba namu ba ne, Yaya."

Gaskiya ya faɗa. Da kuɗin Saude aka saye shi. Duk shekarun nan na yaron ne.

Washegari da safe na ari wayar 'yata na taka zuwa gidan Saude. Na ƙwanƙwasa, na ja da baya na tsaya a ƙasan matakala. Ta buɗe, ta dube ni, ba ta ce in shigo ba. Na durƙusa na gaishe ta, ta amsa a taƙaice. Na ce, "Lawali ne a waya, ana ganinsa kai tsaye. Yana gidan marayu da ragon, da mahauci. Izininki ake jira."

 Ta miƙo hannu ta karɓi wayar. Lawali ya gaishe ta, ya juya wayar wajen ragon, ga shi nan da kwallinsa, ya rame a wuya.

Saude ta ce, "Na gaji da ganin ragon nan. Nuna mini yaran."

Ya juya. Ga su nan a gindin bango, sun jeru da kwanoninsu, suna leƙen wayar suna ture juna. Ta dube su ɗaya bayan ɗaya. Sai ta waiwaya cikin gida ta ɗaga murya.

"Abdurrahim! Zo ka gaya musu sunanka."

Ni ina durƙushe a kan siminti mai sanyi, ban tashi ba sai da aka yanka.