Taken Mahaucin Katuru

Shekara goma sha ɗaya ina kaɗa wa wani mawaƙi kalangu yana waƙa. Kiɗan dambe muke yi, daga Kaura zuwa Shinkafi, har Zurmi in an gama girbi. Shi ke da murya, ni ke tsara kiɗa. Ban yi boko ba, a allo ma ban yi nisa ba, amma in na ji kiɗa sau ɗaya ya zauna mini.

Da Shari'a ta zo aka hana kiɗa, ban yi gardama ba. Na rataye kalanguna a ɗaka, na koma dako a kasuwar hatsi ta Moriki. Shi kuwa ya tara jama'a ya ce ya tuba. Hakan bai ishe shi ba, sai da ya kawo samarin da ke sa ido har ƙofar gidana, ya ce ina kaɗawa a ɓoye. Ƙarya yake yi. Suka fito da kalangun, na mahaifina ne, suka fasa shi a gaban matata da maƙwabta. Yana tsaye da sabon rawani.

Daga nan ya koma waƙoƙin natsuwa da mandiri, a hankali, manya na gyaɗa kai. Kaset ɗinsa ya shiga kowace mota. Na saurara da kyau. Tsoffin kiɗana ne duka, ya rage musu gudu. Da suka ƙare ya tsaya cik, don bai taɓa ƙaga ko ɗaya ba.

Wata ranar kasuwa ya same ni ina sauke buhun gero.

"Ɗan'uwa, ashe kana nan."

"Ina za ni?"

"Wani Alhaji na Shinkafi ya dawo daga Makka, za a yi walima, malamai za su zo. Sabon abu nike so."

"Kai da ka tuba, mi za ka yi da makaɗi?"

"Haba ɗan'uwa, ai ya wuce."

Na ce ya dawo mako mai zuwa.

Kowane babban ɗan dambe yana da takensa, kiɗan da aka tsara masa shi kaɗai. In ya ji shi, jikinsa sai ya tsuma, ko ya tsufa, ko a ina yake. Akwai wani mahauci na Katuru da mahaifina ya yi wa take, ya bar dambe tun kafin mawaƙin nan ya shigo harkar. Kuma duk wata babbar walima a Shinkafi, mahaucin da mutanensa ke gyaran nama. Da mawaƙin ya dawo, wannan taken na kaɗa masa a bayan kwanon awo, a sanyaye. Ya ce bai taɓa jin abu mai daɗi haka ba. Ya tafi ya ɗora masa baitocin yabon Alhaji.

Ranar walima bayan la'asar na je, na zauna can baya. Mandiri ya fara. Baiti na biyu bai ƙare ba muka ji kururuwa daga wurin tukwane. Tsohon mahaucin ya fito, hannu duk maiƙo, ya dunƙule dama ya ɗaga sama, yana rawar jiki yana kirari. Mahauta huɗu suka biyo shi suna zuga shi. Tabarmi suka hargitse. Wani dattijon malami ya miƙe ya ce, "Kiɗan dambe aka tara mu mu ji?" Ya sa takalmansa, sauran suka bi shi. Alhaji ya sa aka kashe lasifika.

Mawaƙin yana ta rantsuwa bai sani ba. Aka tambaye shi ina ya samo, alhali da farko ya ce shi ya tsara. Idonsa ya faɗo kaina, na ci gaba da cin namana.

Ba a sake gayyatarsa ko'ina ba. Matata ta ce in nemi gafara. Na nemi ta Allah. Tasa ban nema ba.