Ɗalibar Minista

Rufaida 'yar Gidan Sori ce, ɗiyar Malam Tahiru mai amalanken shanu. Tun tana ƙaramar lakol, wato firamare, take bin mahaifinta gona, tana ganin yadda ƙuduji ke fitowa a gindin wake ya tsotse shi har ganyen ya ƙone. Da ta ci jarrabawar bak ta ƙarshen sakandare ta tafi jami'a, ta ce ita ilimin tsirrai za ta karanta.

A can ta faɗa hannun Farfesa Maharazu, mutumin wajen Gangara. Lokacin ba shi da komai sai tsohon babur da ɗakin bincike ɗaya. Yakan naɗe ƙafar wando ya shiga gona da ɗalibansa, ya manta da abincin rana. Shi ya ɗauke ta karatun doktora, ya ba ta aikin samar da irin wake da ƙuduji ba ya kamawa. Damina bayan damina tana durƙushe da sassafe, tana ɗaukar garin furen wannan wake tana shafa wa wancan. Sa'o'inta suka yi aure suka haihu. Ita kuwa ta samu irin da ya tsaya kore shar a gonar da ƙuduji ya cinye komai. Ba shi da yawa, bai cika tiya ba. Suka ajiye shi cikin sanyi a firigon ɗakin bincike, da niyyar yaɗa shi baɗi.

Kafin baɗin aka naɗa Farfesa shugaban jami'a. Babur ya zama mota, ƙofarsa ta samu mai gadi.

"Malam, yaushe za ka duba aikin?" ta tambaye shi wata rana a bakin buro, sabon ofishinsa.

"'Yata, bari malamai su janye yajin aiki tukuna."

Suka janye, ɗalibai suka fara nasu. Ana cikin haka aka ji a rediyo an ba shi ministan ilimi mai zurfi. A Gidan Sori mata suka yi ta guɗa a gidan Malam Tahiru, aka laƙaba wa Rufaida suna ɗalibar minista.

A bazarar shekarar rikici ya tsananta, aka rufe jami'a, aka sa jandarma a ƙofa. Ta roƙe su su bar ta ta ɗauko irinta, suka ce ba a ba su umarni ba. Da aka buɗe bayan watanni, ta tarar an daɗe da yanke wutar ginin. Zafi ya dafa waken, ƙwari suka huda sauran. Duk da haka ta shuka abin da ta tsince. Ko ƙwaya ɗaya ba ta tsiro ba.

Ta hau mota zuwa Yamai. Minista ya karɓe ta da kansa, ya saurari labarin asarar irin, ya daɗe hannunsa dafe da goshi.

"Rabona da taɓa ƙasar gona har na manta," in ji shi. "Koma gida. Zan nema miki inda za ki sake farawa."

Ta yarda, don ta san bai iya ƙarya ba. Sai dai kafin a yi wani abu gwamnati ta sauya, aka sauke shi. Ba a jima ba ɓarin jikinsa ya shanye, aka mai da shi Gangara.

Rufaida, ba doktora, ta samu koyarwar kwantiragi a wata kwaleji a Gazawa. Ran kasuwar Gangara ta je gaishe da Farfesa. Yana kwance a tabarma, ya rame, magana na fita da ƙyar. Ya riƙe bakin mayafinta.

"An raba wa manoma irin?"

Ashe ciwon ya mantar da shi. Ta dubi matarsa, matar ta sunkuyar da kai.

"An raba, Malam," ta ce.

Bana ƙanwarta Lubna ta ci bak da sakamako mai kyau, ta zo Gazawa da murnarta.

"Yaya, ni ma kimiyya nake so, har doktora."

Rufaida tana wanke tukunya, ba ta ɗago ba.

"Akwai makarantar ungozoma a Maraɗi," ta ce. "Ana shiga, ana fita. Je ki can."